Ɗingishin Sufeto Brask

Doguwar kwat mai ruwan toka a cikin jaka. Hula. Fulas na kofi. Baƙin burodi da yankan kifi, an naɗe a takarda. Maganin zogi. Kwagiri, wanda mai shi ya rantse ba zai taɓa ba. Iyakar abin da suka ɗauko ke nan, kuma Rikke ce ta ɗauki kusan duka.

Jirgin ƙasa ya riga ya baro manyan garuruwa, yana ratsa filayen yammacin Jutland, inda babu abin kallo sai shanu da dogayen fankokin lantarki. Mahaifinta, Aksel Lodberg, yana zaune a gefen taga. Ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya.

"Baba, ƙafa."

Ya sauke, bai dube ta ba.

"To, likita," in ji shi. Haka yake kiran ta idan ta ba shi haushi.

Watanni ke nan da aka yi masa aiki a ƙugun hagu, aka cire mahaɗar ƙashin da ta cinye, aka sa ta ƙarfe. Rikke ta ajiye aikinta a Toronto, inda ta yi karatun gashin ƙashi ta kuma zauna, ta dawo gida don ta koya masa tafiya. Tashi da takawa bai ɗauke shi lokaci ba. Abin da ya ba su wuya shi ne tafiya a miƙe, domin Aksel ya yi shekara kusan ashirin yana ɗingishi da gangan, sannan ya ƙara wasu ashirin yana yi ba da gangan ba.

Ɗingishin na Sufeto Brask ne, wanda Aksel ya fito a matsayinsa a talabijin. A cikin littattafan da aka ƙirƙire shi, Brask ba ya ɗingishi. Rikke ta karance su tun tana yarinya, babu inda aka ambaci ƙafarsa. Ɗan sanda ne mai ƙarancin magana a Klitvig, garin masunta, yana shan lofe, yana barin mai laifi ya yi ta surutu har ya ɗaure kansa. Amma wanda ya fara fitowa a matsayinsa a fim, tun zamanin baƙi da fari, marigayi Orla Vind ne, shi kuwa igiyar jirgin kamun kifi ta taɓa murƙushe masa ƙafar hagu. An yi ƙoƙarin ɓoyewa, abin ya faskara, aka bar shi. Mutane suka riƙa fitowa daga silima suna jan ƙafa. Da aka mayar da labarin wasan rediyo, sai da aka ɗauki mutum guda aikinsa kawai jan takalmi kusa da abin magana.

Da talabijin ta zo, aka ba Aksel matsayin, lokacin yana saurayi mai lafiyayyun ƙafafu. Ya je wurin Vind neman shawara. Tsohon ya ce masa ya je bakin tekun Klitvig ya tsinci tsakuwa, ya sa a ƙarƙashin diddigen hagu, kada ya cire sai an tashi daga aiki. Ƙafa, in ji Vind, ba ta iya ƙarya, sai an ba ta dalili. Aksel ya yi biyayya. Tsakuwa ta yi aikinta, ƙugu ya karkace, daga baya ko babu ita ma ƙafar ta san hanya. Sabo turken wawa.

Tun daga lokacin an juya Brask ta kowace fuska. An karɓe masa lofe. An kashe matarsa, an dawo da ita, an sake kashe ta. Jamusawa sun ɗauke shi sun kai wani gari nasu sun ba shi kare. Abu biyu ne kawai ba wanda ya taɓa: ɗingishin, da yadda kowane labari ke ƙarewa, Brask yana tahowa daga ƙarshen doguwar gadar duwatsu da ta miƙa cikin teku, yana fuskantar masu kallo.

Yanzu ana sabon shiri mai dogon zango, a kan Brask yana matashi. Daraktar, wata mai suna Malene, ta buga waya ta ce tana son fitowa ta ƙarshe ta zama tsohon Brask da sabon suna tahowa tare a kan gadar. Rikke ta amince bisa sharaɗi ɗaya, cewa mahaifinta zai taka a miƙe. Likitan da ya yi aikin ya faɗa ƙarara: idan tsohuwar tafiyar ta dawo za ta ci sabuwar mahaɗar kamar yadda ta ci ta farko, idan kuwa ya faɗi, mai yiwuwa keken guragu ne. Malene ta ce ba damuwa, za a duba. Aksel ya yi alkawari, ya sake yi a tashar jirgi ba tare da an tambaye shi ba. Wannan na biyun ne bai kwanta wa Rikke a rai ba.

Sun isa Klitvig da rana. Iska na kaɗawa daga teku, garin na warin gishiri da kifi mai hayaƙi. Da sauran lokaci kafin a neme su, sai Aksel ya ce su ci abinci a gidan da ke fuskantar tashar jiragen ruwa, inda suka saba ci a zamaninsu. An sauya wa gidan suna, yanzu sunan Brask ne a saman ƙofa. A ciki bango ya cika da hotuna, na Vind kaɗan, na Aksel da yawa.

Ya shiga a miƙe, kafaɗu daidai, diddige sannan yatsu, kamar yadda ta koya masa. Rikke na biye tana kallon ƙugunsa, ta ji daɗin aikinta. Matar da ke kai abinci ta dube su ta ga tsoho da 'yarsa, ta nuna musu tebur kusa da ƙofar banɗaki. Daidai saman kansa akwai hotonsa, da hula da kwat, yana murtuke fuska. Matar ta tambaye su ko wannan ne zuwansu na farko, ta kuma ce idan suna so akwai ƙananan kofuna masu hoton Sufeto na sayarwa.

"Mun gode," in ji Aksel. "Ina da fuskarsa a gida."

Matar ta yi dariyar ladabi, ta tafi kawo soyayyen kifi da dankali.

Ya ci kaɗan. Ya ce gishiri ya yi yawa, alhali shi ne ya ƙara. Can ya tashi zuwa wurin da ake sayar da abin sha a ɗaya gefen ɗakin, wai zai karɓo ruwa. Ya ratsa tebura cike da mutane, ba wanda ya ɗaga kai. A dawowa ne Rikke ta ga kafaɗarsa ta hagu ta ɗan sauka. Takalmin ya gogi katako, sau ɗaya, sau biyu.

Wani tsohon masunci da ke zaune da abokansa ya ajiye kofin giyarsa.

"Kai, jama'a, ga Sufeto. Sufeto, wa ka zo kamawa?"

"Kai, mana," in ji Aksel, da wata murya mai kauri da Rikke ta daɗe ba ta ji ba. "Na ji an ce har yanzu kana auna kifi da babban yatsanka a kan sikeli."

Teburin ya kaure da dariya. Masuncin ya ce sai dai a kama matarsa, ita ce mai sikelin. Wani ya ce ai an ce Sufeto ya mutu, Aksel ya ce an binciki maganar, ba a sami gawa ba. Matar mai kai abinci ta dawo fuskarta ta yi ja, tana ba da haƙuri, ta ce a mayar da su teburin taga. Aka ɗauki hotuna. Wata tsohuwa ta riƙe hannunsa ta ce mijinta bai taɓa yarda a yi magana a gida ba idan ana nuna shirin, ko da wuta ce ta tashi a kicin.

Da suka fito suka wuce rumfar masu gyaran raga, Rikke ta dube shi.

"Alkawarin bai kai yamma ba," in ji ta.

"Taku biyu ne."

"Na gani."

"Kin kuma ga na farkon? Da na wuce kamar mai karanta mitar lantarki?"

Akwai abin da ba ta taɓa gaya masa ba. Tana ƙarama, daga kan gadonta take gane dawowarsa, taku ɗaya mai ƙarfi, ɗaya mai ja, a kan matakala. Tun da ta gyara masa tafiya, sau da yawa takan juyo a kicin ta gan shi tsaye a bayanta, gabanta ya faɗi, kamar baƙo ne ya shigo gidan.

A bakin gadar an jera motoci da fitilu da ɗakuna masu taya na sauya kaya. Malene ta taho da sauri cikin jar rigar ruwa, ta rungume Aksel, ta ce ta girma ne a gaban talabijin ɗin kakarta tana kallonsa. Bayanta wani dogon saurayi ya tsaya yana murza hula a hannu. Shi ne Jeppe, sabon Brask. Ya gaisa da Aksel da hannu biyu. Ya ce ya ji labarin tsakuwar, shi ma ya tsinci tasa a nan bakin ruwa tun ranar farko, bai taɓa fitowa gaban kyamara babu ita ba.

Fuskar Aksel ta saki. "To, samari. Taka in gani."

Jeppe ya sa hula, ya yi nisa kaɗan a kan gadar, ya juyo ya taho. Ya iya. Saukar kafaɗar, ɗan jinkirin nan kafin a ja ƙafa, har yadda hannu ke shiga aljihu, duk ya kwashe. Ma'aikata suka tsaya suna kallon tsohon, suna jiran yabo.

Rikke ce ta fara gani, don aikinta ne. Ta dubi mahaifinta ta ga shi ma ya gani.

"A ina ka koya?" in ji Aksel.

Jeppe ya ce a ɗakinsa. Yakan kunna tsofaffin shirye-shiryen, ya tsaya a gaban talabijin, duk abin da Aksel ya yi yana tahowa a kan gadar shi ma ya yi, har jikinsa ya haddace.

"Kana fuskantata."

"Eh."

"Kamar mai duba madubi."

Saurayin ya buɗe baki, ya dubi ƙafafunsa, bai rufe bakin ba.

"Ƙafar dama kake ja, ɗan nan," in ji Aksel. "Igiya ta ci ƙafar Orla Vind ta hagu. Ni na ba da ƙuguna na hagu. Kai kuma ka zo da dama."

Malene ta ciro waya ta nemo wani tsohon shiri, ta kalla, ta kalli Jeppe, ta sake kallon wayar. Wani daga cikin masu riƙe fitila ya yi dariya, ya mayar da ita tari. An gama ɗaukar shirin gaba ɗaya, wannan ce fitowar da ta rage. Mutum sama da hamsin sun yi watanni suna kallon ƙafar nan, dukansu sun girma da Brask, kowa ya san yana ɗingishi, ba wanda ya taɓa tambayar da wace ƙafa.

Malene ba mai ɓata lokaci a kan abin da ya riga ya faru ba ce. Ta tsaya ta lissafa abin da zai yiwu a fili, kowa na ji. Sake ɗaukar shirin ba zai yiwu ba. Mai kyamara ya ce ana iya juya hoton, hagu ta koma dama, ta ce su biyun suna cikin hoto ɗaya, idan an juya ɗaya an juya duka. Idan tsohon ya taho a miƙe kusa da saurayi mai ɗingishi, masu kallo za su ce Brask ya warke da tsufa. Idan ya ja hagu, saurayin ya ja dama, za su yi kama da ƙofa mai murfi biyu, ƙasar nan kuma ba za ta daina dariya ba.

"Saura hanya ɗaya, Aksel," in ji ta. "Ka ja dama."

"A'a," in ji Rikke.

Ta yi bayani a taƙaice, da muryar da take yi wa iyalan marasa lafiya. Mai jan ƙafar dama, duk nauyinsa a kan hagu yake sauka. Hagun nan ƙarfe ne da bai gama zama ba. Duwatsun gadar a jiƙe suke. Ta ce an yi sharaɗi a waya, idan an manta ita ba ta manta ba.

Aksel ma ya ce a'a, amma dalilinsa daban. Ya ce ba zai tsaya a gaban garin nan ya ƙaryata ƙafar mamaci ba. Ya faɗi wasu maganganu game da 'yan wasan zamani da ba sa bambance hagunsu da damansu, Jeppe ya sunkuyar da kai ya shanye. Rikke ta ji sanyi a ranta. Ko da wane dalili ne, a'a dai a'a ce. Ta fara tunanin jirgin yamma.

Malene ta gyaɗa kai, ta ce ta fahimta, kuma ba za ta so a ji ciwo saboda ita ba. Ta dubi sama, ta dubi agogo. Sannan ta kira wani mutum daga cikin masu jan wayoyin lantarki, mai furfura, tsayinsa kusan ɗaya da na Aksel. Ta ce za a ja masa hula ta rufe fuska, a ɗauka daga nesa, ba wanda zai gane.

"Kwat ɗin kawai za mu ara, in ba damuwa. Ita mutane suka sani."

Ba da mugunta ta faɗa ba. Haske na tafiya, ita kuma tana da aiki. Mutumin ya matso yana goge hannu a wando, ya ce wa Aksel babban abin alfahari ne a gare shi, ya ɗan gwada jan ƙafa don a gani. Ya yi kamar wanda ya taka kashin kare.

Aksel ya dube shi tun daga hula har takalmi. Ya karɓi jakar kwat ɗin daga hannun Rikke, ya ce zai shiga ya zazzage aljihunan tukuna. Ya nufi ɗakin da aka rubuta sunansa a ƙofa. A hanya ya tsaya ya dafa wata mota, ya sunkuya kamar mai gyara igiyar takalmi, irin sunkuyon da aka hana shi.

Rikke ta ba shi ɗan lokaci, sannan ta bi shi. Matar da ke kula da tufafin 'yan wasa ta biyo ta, ta tsaya a ƙasan matakala tana jiran kwat.

Ɗakin ƙarami ne, madubi da kujera da tebur. Aksel ya riga ya sa kwat ɗin, ya ɓalle maɓallai har wuya. Takalminsa na dama ya sake ɗaure shi. Yana tsaye a ƙarshen ɗakin, ya ga shigowarta a madubi, bai fasa ba. Ya taka. Tsakuwar da ya tsinta a hanya ta soke shi a diddigen dama, fuskarsa ta nuna, amma ƙafar hagu ce ta ja, don ita ta san aikin. Ya koma ya sake. Wannan karon duka biyun suka yi gardama, gwiwarsa ta lanƙwashe, ya kama gefen tebur. Kwalaben kwalliya suka zube ƙasa.

Rikke ba ta matsa ba. Ta san idan ta kama shi zai ture ta.

"Ka ce ba za ka ƙaryata ƙafar mamaci ba."

"Orla ya mutu. Ba zai kalla ba."

"Ni zan kalla. Ni zan tura keken."

Ya zauna a kujera yana haki. Ya daɗe yana kallon takalmin.

"Kin ga mutumin can? Zai sa rigata ya yi tafiyar agwagwa, a rubuta sunana a ƙasa." Ya share goshi da bayan hannu. "Rikke, kin yi aiki, ban ce ba ki yi ba. Kin ba ni tafiyar da zan je kanti in sayo madara. Na gode. Amma ba ni da wurin zuwa da ita."

"Kana da gida."

"Gidan da kike firgita idan na shigo kicin?"

Ashe ya lura. Ta kawar da kai, ta dubi taga. A waje Jeppe na zaune a kan akwatin fitila, ya cire takalminsa na dama yana kallon cikinsa. Malene na nuna wa mai furfurar inda zai tsaya.

Rikke ta yi shekaru tana ganin irin wannan a asibiti, ta san mara lafiyar da za a iya hanawa da wanda sai dai a rage masa ɓarna. Idan ta fita da kwat ɗin, zai hau jirgi ya koma gida a miƙe, ya zauna a kujerar gaban taga, kuma ba ta ga abin da zai sake tayar da shi ba. Idan ta bar shi da tsakuwarsa, zai fita ya yi da ƙarfin hali, ya faɗi tun kafin tsakiyar gada. Ta kuma san, don ta karanta ta koyar, cewa ana iya nuna ɗingishi da kafaɗa da tsawon taku, a bar nauyi a raba shi daidai. Ba ta taɓa koya wa kowa hakan ba. Aikinta cire ɗingishi ne. Kuma babu tabbacin idan ta buɗe wa jikinsa wannan ƙofa zai yarda ya sake rufe ta.

Matar da ke ƙasan matakala ta yi gyaran murya, ta ce a yi haƙuri, Malene na tambaya.

Rikke ta leƙa.

"Ki ce mata ta sallami mutumin, Baba ne zai yi. A zuba yashi a kan duwatsun. Ɗauka ɗaya za ta samu, in ta lalace ruwanta."

Ta jawo ƙofar ta rufe.

"Cire tsakuwar nan, Baba. Tashi ka kama kafaɗata. Ni zan koya maka."